Inuwar Baba Mai Aski

Baba Mai Aski bai taɓa mallakar shago ba, kuma bai taɓa sha'awa ba. Shekara talatin da ɗaya yana aski a gindin maɗacin da ke tsakanin gidansa da na Kafinta: benci ɗaya, madubi rataye a ƙusa, sai kujerar da aka tokare ƙafarta da bulo. Da inuwar nan ya aurar da 'ya'ya huɗu. Ga surutu, in ya kama kanka sai ka ji labarin unguwa kaf kafin ya kai ƙeya.

Ana nan, wata rana Kafinta ya ɗaga kai ya dubi bishiyar. Shi bai ga inuwa ba, ƙofofi goma sha biyu ya gani. Ya ce ai a filinsa take, zai sare. Aka tafi kotu, aka zo aka auna, kututturen ya faɗa ɓangaren Kafinta da taku ɗaya. Taku ɗaya fa, jama'a!

Baba ya ɗaukaka ƙara. Bai san doka ba, amma ya san babu mai zama cikin rana a yi masa aski, ga tsufa ya zo, ba zai iya yawo da jaka gida-gida ba. Tsoro yake ji ƙwarai, sai dai ba ya faɗa. Shekara uku ana ɗage zama. Sumar Kafinta ta taru har hula ta ƙi zama, don ya rantse ba zai miƙa wa abokin shari'a wuyansa ba.

Ranar da mai shari'a ta gaji, ta cire tabarau ta ce, "Ku dattawa biyu, ku je ku sasanta, ku kawo min a rubuce."

A barandar kotu lauyoyi suka yi ta zuba, ba kai ba gindi. Matar Baba, wadda ta biyo shi don kada ya yi dambe, ta ce, "Wai Malam, itacen kake so ko inuwar?"

"Inuwar mana."

"Kai fa, maƙwabci?"

"Katako," in ji Kafinta.

"To ashe ba abu ɗaya kuke nema ba. Itace naka, inuwa tasa. Ba sara sai bayan ransa."

Aka rubuta, aka sa hannu, aka janye ƙara. Baba ya dawo baki har kunne.

Washegari ya gane abin da ya sa wa hannu. Kafinta, wanda shekara uku ko sannu ba ta haɗa su ba, ya leƙo da sassafe.

"Maƙwabci, an tashi lafiya? Jiya kamar na ji kana tari."

"Ƙwarewa na yi!"

"Allah ya sawwaƙe. Shekaru ne, sai a hankali."

Kullum sai an yi wannan gaisuwar. Baba ya daina shan sukari, ya daina hawa babur, ko titi zai ƙetare sai ya duba sau huɗu.

Da damina zazzaɓi ya kayar da shi kwana uku. Rana ta huɗu ya leƙa ta taga, sai ga Kafinta ya zagaye maɗacin da tef ɗin awo, fensir a bayan kunne. Baba ya yaye bargo, ya fito ba takalmi, jiri na ɗibarsa, ya zube a kan kujerarsa.

"Wallahi dubawa kawai nake yi," in ji Kafinta.

"Duba da kyau," Baba ya ce yana haki. "Amma naɗe tef ɗinka, maƙwabci. Ban tafi ba tukuna."