Mushe Sallau da Duwatsun Kufai

Kowace Asabar, da an sallame asuba, malaminmu na boko Mushe Sallau kan ɗaure gorar ruwa a bayan tsohon motonsa mai ƙafa biyu, ya bar Dogon Dutsi ya bi rairayi zuwa wani kufai wajen Sukukutane. Tsoffin kaburbura ne a can, kowanne da tulin duwatsu a kansa. Yakan mayar da dutsen da shanu suka ture, ya cire ƙaya, ya zana kowane tuli a littafinsa.

Shekara talatin da ɗaya yana koyar da tarihi a kolej, bana ya aje alli. Mu da muka zauna ajinsa muna tuna hoton da yakan nuna mana: dutsen wani kabari na zamanin da, rubutun na Girkawa, tufafin da aka sassaƙa kuwa na maƙwabtansu. Yakan ce, "Ku duba, ko a kabari sun cakuɗe. Mu ma muna da namu."

Bara wani ɗan kwangila ya turo kamyo, babbar motar kaya, a kwashe duwatsun a yi tushen shaguna. Zaidu, makiyayin da aka yi abin a gabansa, shi ya ba ni labari. Mushe ya tarar an loda na kabari uku. Ya kafe moto a gaban kamyon, ya zauna ƙasa.

Direba ya ce, "Baba, na arna ne fa. Mi ya dame ka?"

Mushe ya ce, "Ɗana, ruwa ya taɓa buɗe guda. Tukunyar Arawa nig gani, da duwatsun wuya na Zabarmawa, da awarwaron Buzaye, wuri guda. Nuna mini wanda ba kakanka ba, in bar maka shi."

Direba ya ƙi sauke duwatsun. Mushe ya wuni cikin rana da shekarunsa sittin. Sai la'asar maigari ya iso, aka juye duwatsun. Daga nan sau tara yana zirga-zirga meri, ofishin magajin gari, kafin a sa hannu a takardar da ta hana taɓa wurin.

Mushe, kai ne mai gadin waɗanda ba su iya yi maka godiya. Mu mun iya, mun kuwa gode. Allah ya ƙara lafiya.

Gwiwarsa ta fara ciwo, shingen da ya soma yi wa kufan kuma rabi aka yi. Tsoffin ɗalibansa, Asabar mai zuwa kowa ya zo da gatarinsa mu ƙarasa shingen.