Auta a Cikin Waya

Tela ce, kuma duk layin shagunan an san ba ta ɗaga ƙafa daga kan keke sai ranar da Autanta ke da wasa. Tun da wata ƙungiyar ƙwallo ta ƙasar waje ta ɗauke shi, matar da a da take zane shi in ya dawo da wando a yage ta koma 'yar kallon ƙwallo. Ikon Allah!

Ba ta da setilayit. Ƙaninta mai gyaran waya, da rumfarsa ke jikin shagonta, shi ya zuba mata jerin tashoshin intanet a waya, ya ce, "Yaya, in wannan ta mutu, ki danna ta ƙasanta." Kuma mutuwar suke yi, 'yan banza, sai daidai lokacin da ake bukatarsu.

Ranar nan da la'asar ta jingina wayar da keken ɗinki, ta zauna a kan tarin yadi. Ana cikin wasa wani ƙaton mai tsaron baya ya shigo wa Auta da ƙafa biyu. Auta ya faɗi ya riƙe gwiwa, sai hoton ya tsaya cak.

Gwiwar nan ce aka yi wa aiki bara, likita ya ce in ta sake samun matsala, shi da ƙwallo sai dai kallo. Ta danna tasha ta gaba, baƙi ƙirin. Ta gaba, wasu masu tallar sabulu.

Can wata ta buɗe. Ga Auta a tsaye, yana sheƙa gudu lafiya lau!

"Alhamdulillahi! Ya tashi!" Ta ƙwala wa ƙanin nata kira, tana dariya tana share hawaye. "Zo ka gani, ya tashi!"

Ya shigo, ya leƙa wayar, bai yi dariya ba. "Yaya, tashoshin nan ba tare suke tafiya ba. Wannan tana baya."

Ta mayar da ido. Ga ƙaton nan yana tahowa, ta gefen da ya zo ɗazu.

"Kauce!" ta ƙwala ihu. "Auta, kauce mana!"

Bai kauce ba. Wannan karon hoton bai tsaya ba, tashar ta nuna komai tar. Masu ba da agaji suka shigo da gudu, suka ɗauke shi ranga-ranga, ya rufe fuska da riga yana kuka.

Ta kai hannu za ta danna tasha ta gaba. Ƙanin ya riƙe mata yatsa.

"Bari, Yaya," in ji shi. "Duk wasa ɗaya ne."