Kalangu a Gaban Farin Ƙyalle

Cikin duk shekarun da na yi ina tsara wa finafinai kiɗa, ranar da ba ta fita raina ita ce wadda muka ɗauki kalangun Ɗanjuma a Inugu. Bayan yaƙin basasa ne, mutanenmu sun fara komowa, kuɗin man fetur kuma ya sa kowa yana son yin fim. Ni a lokacin na yi ritaya daga ƙungiyar badujala da muƙamin saje, ina karanta kiɗa a rubuce.

Mista Emeka, mai shirya fim ɗin, ya ba ni aikin wurin da jarumin, wani falke, yake saukowa daga jirgin ƙasa. Ƙa'idar aikin ita ce a haska hoton a farin ƙyalle, makaɗi yana kallo yana bi, na'ura tana ɗauka. Tef daga Turai ake kawo shi, naɗi biyu kawai ya rage mana.

Na ɗauko Ɗanjuma, makaɗin mahautan Kasuwar Artisan. Muka gwada, ya riƙa bugu kamar mai zazzaɓi. Na ce, "Ɗanjuma, wannan ne kiɗan da ake yabo?"

Ya ce, "Saje, wa zan yi wa? Ƙyalle? Ɗan wane ne shi?"

Haka muka kunna na'ura. Ana tsakiyar ɗauka sai Sarkin Fawa ya turo ƙofa, wai ya zo ganin aiki. Nan take Ɗanjuma ya juya wa hoton baya, ya saki taken Sarkin Fawa, wato kiɗan da aka san shi da shi, har da kirari. Tsayar da shi cin fuska ne, dole na ƙyale shi har naɗi guda ya tafi. Emeka ya dafe kai ya ce, "Oga Saje, in na ƙarshen ya lalace, fim ya mutu."

Na fita na nemo yaron da ya fito a matsayin falken, na tuɓe babbar rigata ta aikin hannu na sa masa. Aka kunna, ya shigo da takawa, na ɗaga murya na faɗi sunan ubansa da garinsu. Kalangu ya yi magana! Ban taɓa ɗaukar kiɗa mai kyansa ba.

Ana kashe na'ura, yaron, da daɗi ya kwashe shi, ya cire rigar ya yafa wa Ɗanjuma. Kyautar makaɗi kuwa ba a karɓe ta. Na koma gida da 'yar shara, kamar ɗan dako.

Ku masu tasowa, ku riƙe wannan: makaɗinmu mutum yake yi wa kiɗa, ba hoto ba. Ku kawo masa mutum, amma da rigar mutumin, ba taku ba.