Muryar Kakata a Akwatin Malamin

Bara aka yi taron tunawa da wani malami a Zuru, wai shi ya ƙera akwatin sihiri mai ba da tatsuniya da kansa. Ni kuwa na san shi. Ina yarinya ya zo gidanmu a Dabai da rikoda, ya naɗi muryar kakata wuni uku tana ɓarar gyaɗa tana ba da tatsuniya, ya sallame ta da sandar sabulu. Har ya mutu bai ambace ta ba.

Na je taron. Da aka kunna akwatin, sai ga muryarta, har da tarin nan nata. Na miƙe na riga akwatin ƙarasa tatsuniyar. Ɗan malamin ya roƙe ni in zauna. Ban zauna ba sai da na ce muryar kakata ce, na sa zauren kaf ya maimaita sunanta sau uku.