Juyen Ranar Juma'a

Kafin sunana ya ɓaci a Dutse, ni bakanike ne da ake nema. A Limawa aka haife ni, mahaifina manomi ne, gero da dawa da 'yan awaki. Ban yi nisa a boko ba, amma Allah ya ba ni kunne. Mota na shigowa gareji, tun direba bai kashe ta ba na san abin da ke damunta. Sunana ba zai amfane ku da komai ba, don haka na bar shi. Ku matasa masu koyon sana'a, ku nake wa wannan rubutu.

Aikina tsofaffin motocin Jafan ne, irin waɗanda suka gama rayuwa ɗaya a ƙasar waje aka kawo mana su fara ta biyu. Duk wanda ya san injinsu ya san ba shi da rigima. Ciwonsa sananne ne. Murfin sama yakan riƙa tsiyayar mai idan robarsa ta bushe. Lagireto yakan toshe saboda ruwan rijiya da muke ɗura masa. Bel ɗin cikin inji yakan tsinke idan aka bar shi ya tsufa, in kuwa zobban fistin suka cinye sai ka ga shuɗin hayaƙi a salansa. Duk waɗannan gyaran yini ɗaya ne ko biyu. Abu guda ne ba ya yafewa, shi ne baƙin mai. Ka juye masa mai kyau a kan lokaci, ka canza filta, sai ka gaji da shi bai gaji da kai ba.

Da ragowar mai na fara. Idan aka yi juye, galan ba ya shigewa duka, ɗan kaɗan yakan rage a ƙasa. Wasu masu mota su ce in riƙe, wasu su manta. Da na ga ragowar tana taruwa tana zama abin sayarwa, sai na riƙa rage wa inji rabonsa don ta ƙaru. Daga nan na koma kan filta. Mutum ya kawo sabuwa a kwalinta, in goge tsohuwar da tsumma da fetur har ta yi ƙyalli, in bar ta a jikin motar, sabuwar in jefa ta bayan shago. Ba wanda ke kwanciya ƙarƙashin mota ya duba. Ƙarshe na ajiye duro a bayan gareji ina tara mataccen man da na juye daga motoci. Idan ya kwana biyu datti ya kwanta, in kwashi na sama, in tace da tsohon ɗankwali, in sirka da ɗan mai kyau. Ban taɓa fasa shagon kowa ba, ban taɓa riƙe makami ba, shi ya sa na daɗe ina ganin ni ba ɓarawo ba ne.

Cikin masu kawo mini mota akwai Malam Buba, wani dattijon Bafulatani daga Miga. Da makiyayi ne. Shanunsa suka yi ta raguwa, sai ya sayar da waɗanda suka rage ya sayi tsohuwar mota doguwa mai ɗaukar fasinja da kaya. Yana jigila tsakanin Miga da Dutse, ranar kasuwa kuma yakan ƙarasa Ringim. Da ita yake ci da gidansa gaba ɗaya, ba shi da wata hanya. Direbobi suna tsokanarsa don nagge yake ce mata, wato saniya, kuma kamar saniyar yake kiwonta. Kullum da safe sai ya buɗe gabanta ya duba ruwa, ya zare sandar gwada mai ya goge ya mayar ya sake zarowa, sannan ya tashe ta ya tsaya yana saurare. Abin alfaharinsa ɗaya ne a duniya, kuma duk wanda ya zauna kusa da shi a tasha sai ya ji shi: tun da aka ƙera injin nan ba a taɓa kwance shi ba.

Ranar Juma'a yake zuwa juye, don ranar ba ya lodi da tsakar rana. Shi da kansa yake sayo galan ɗinsa, a rufe, da sabuwar filta. Ya miƙo mini da hannu biyu ya ce, “Ɗana, ga amanarka, ni zan wuce masallaci.” Ni kuma in ce, “A dawo lafiya, Baba, ina gamawa zan bi sahu a nan kusa.” Shekarar farko na yi masa aiki tsakani da Allah. Wata Juma'a na riƙe galan ɗinsa a hannu, na ji nauyinsa, na dubi titi ba kowa, duk an tafi salla. Na juye sabon man a wani mazubi na ɓoye, na ɗura wa motarsa na duro. Ina jin huɗuba ta lasifika ina wannan aiki. Da ya dawo na miƙa masa galan ɗinsa ba komai ciki, ya sa mini albarka, ya ce matarsa za ta zuba kananzir.

Na so in ce muku gabana ya faɗi ranar. Bai faɗi ba. Na ci abincina, na yi barcina.

Bayan kwana biyu ya dawo da sandar gwada mai a hannu.

“Ɗana, man nan ya yi saurin baƙi. Shekaranjiya fa aka juye.”

“Ai alamar mai kyau ke nan, Baba. Wanke dattin inji yake yi. Wanda ba ya baƙi shi ne jabu.”

“To, ashe tana da datti a ciki. Sai in riƙa kawo ta da wuri.”

Haka kuwa ya yi. Ya rage tazarar juyensa, ya matse bakin iyalinsa yana sayen galan bayan galan, ni kuma ina karɓa. Duk ƙoƙarin da ya ƙara a kan motar, ni yake wa. Sau ɗaya tak ya yi jinkiri, lokacin da ƙaninsa ya rasu ya tafi zaman makoki da daidaita marayu, juyen ya wuce da kusan mako uku. Da ya zo har haƙuri yake ba ni, kamar motar tawa ce.

Injin ya yi juriya fiye da yadda na zata. Amma ni mai kunne ne, na fara jin abin da ke tafe. Da safe sai ya yi 'yar ƙara kas-kas kafin mai ya hau. Daga baya jar fitilar mai ta fara ƙiftawa idan motar ta yi zafi tana tsaye. Wannan fitila ita ce kukan ƙarshe da inji ke yi, ma'anarta mai ba ya kaiwa inda ya kamata. Malam Buba ya kawo ta hankalinsa a tashe. Na san da a ranar na kwance kwanon ƙasan inji, inda mai ke taruwa, na wanke, na zuba mai na gaskiya, da an ceci motar. Amma duk wanda ya leƙa kwanon zai ga aikina, shi kuwa ranar yana tsaye a kaina. Na ce masa waya ce take taɓa ƙarfe. Na zura hannu na cire wayar, fitila ta mutu.

“Allah ya yi maka albarka,” in ji shi. “Da na ɗauka wani babban abu ne.”

Ba a yi wata ɗaya ba injin ya buga. Yana dawowa daga Ringim da fasinja da buhunan albasa, sai wani ƙarfe ya fasa jikin injin ya fito. Ba wanda ya ji ciwo. Amma injin da ya fashe haka ba ya gyaruwa, sai dai a sayi wani, shi kuwa ba shi da saniyar da zai sake sayarwa. Aka ja motar zuwa wajen wani bakanike a Ringim. Da ya kwance kwanon ƙasa, abin da ya tarar ba mai ba ne, kamar kwalta yake, sai da cokali aka kwashe shi. Filta kuwa ta kama jiki don daɗewa. Ya ce wa Malam Buba, “Baba, motar nan ta shekara ba a canza mata filta ba.” Direbobin da ke wurin suka ce wannan magana ba za ta yiwu ba, kowa ya san Malam Buba.

Washegari shugabannin direbobi suka zo garejina. Ba su yi mini hayaniya ba, bayan shago kawai suka zagaya. Ga duro, ga ɗankwalin tata, ga sababbin filtoci a kwalayensu. Kafin la'asar masu ƙorafi sun yi yawa, har da ma'aikatan gwamnati da nake wa aiki. 'Yan sanda suka tafi da ni. Ina zaune a bayan motarsu abin da nake tunani shi ne ban kulle akwatin sifanuna ba.

A gaban alƙali na yi abin da ya fi satar muni. Na ga sauran ƙorafin ƙanana ne, na Malam Buba ne babba, don haka na nemi in sauke shi daga kaina. Na ce ni ban kashe motarsa ba, shi ya kashe ta da sakaci, a tambaye shi ko bai taɓa barin juye ya wuce da mako uku ba. Alƙali ya tambaye shi. Dattijon ya sunkuyar da kai, sannan ya ce, “Gaskiya ne, ranka ya daɗe. Na yi jinkiri lokacin rasuwar ƙanina.” Duron da filtocin suka isa shaida a kaina, aka yanke mini shekara biyu a kan zamba da cin amana.

Gidan yari ba ni da labarinsa mai yawa. Gari ya waye, a ƙirga mu, a ci gabza, gari ya yi duhu. Matata ta koma gidansu da yara, aka gaya mini, na ce to. Mahaifina ya zo sau ɗaya, ya zauna yana kallon hannuwana, ya tafi. Ban yi kuka ba. Ji nake kamar an yi mini allurar kashe zafi an manta ba a ce ta sake ni ba.

Wata rana wani gandiroba da ya ji ni bakanike ne ya fito da ni in yi wa tsohuwar motarsa juye a harabar gidan. Ya miƙo mini galan da sabuwar filta, ya juya yana magana da wani. Kafin in ankara, na sami kaina ina goge tsohuwar filtar da tsumma, sabuwar kuma na tura ta cikin rigata. A gidan yari, inda ba ni da wanda zan sayar wa, ba ni da inda zan ɓoye. Hannuna ne ya yi, ban sa shi ba. Na fito da ita na ɗaura a motar, na zauna a ƙasa. Ranar ce na fara sanin abin da na zama, kuma daga ranar na fara salla da niyyar tuba, ba don a ga ina yi ba.

Da aka sake ni, ban fara zuwa Limawa ba. Na hau mota zuwa Miga. A tasha na sami Malam Buba, ya rame, gemunsa ya yi fari fat, yana kiran fasinja wa motocin yaran da ya girme wa iyayensu. Motarsa an sayar wa masu gwangwan tuni. Na durƙusa a gabansa na gaishe shi. Ya daɗe yana kallona kafin ya gane ni.

“Ɗana, an fito? Sannu. Allah ya sa kaffara ce.”

“Baba, gafara na zo nema.”

“Na yafe tun kana ciki. Ai ni ma da nawa laifin. Mako ukun nan da na bari, kullum sai na tuna. Da ban yi sakaci ba, ƙila da ta jure wa naka.”

Shekara biyu ina kwance ina ganin ni kaɗai aka ɗaure. Ashe shi ma na ɗaure shi da bakina a gaban alƙali.

“Baba, ƙarya na yi. Mako uku ba ya kashe injin nan, ko wata uku ne. Man da kake kawowa bai shiga motarka ba, fiye da shekara. Fitilar nan kuma ba waya ba ce, injin ne yake neman ceto, na cire ta ina sane. Ba ka yi sakacin komai ba.”

Ya dafa benci ya zauna a hankali.

“Ka rantse?”

“Wallahi, Baba.”

Ya rufe fuskarsa da hannu biyu ya daɗe. Da ya buɗe, idonsa ya yi ja. Na jira zagi, na jira mari, da na samu da na ji sauƙi. Abin da ya ce kawai shi ne, “Alhamdu lillahi. Ashe na riƙe ta da kyau.” Wata mota ta shigo tasha, ya miƙe yana gyara hula, ya tafi yana kiran “Dutse, Dutse, saura mutum biyu.”

Yanzu ina aiki a ƙarƙashin wani a Ringim, ba wanda zai ba ni mota a Dutse, kuma ban ga laifinsu ba. Idan zan yi juye, mai mota nake sa wa ya ɓalle murfin galan da hannunsa, ya tsaya a kaina har in gama, in miƙa masa tsohuwar filta ya tafi da ita. Ba don shi ba ya yarda da ni ba, ni ne ban yarda da hannuna ba.

Ku da ke koyon sana'a, ku ji daga wanda ya yi. Ragowar man da ke ƙasan galan na mai mota ne, ku miƙa masa ko bai tambaya ba. Wanda ya ba ku aiki ya juya baya, ku ji tsoronsa fiye da wanda ya tsaya yana gadinku. Idan kuma har kun faɗa, aka kama ku, ku ɗauki laifinku ku kaɗai, kada ku raba shi da wanda kuka zalunta. Ni na tuba, an yafe mini, na gama zaman da aka yanke mini. Malam Buba yana nan a tashar Miga har yau, yana kiran fasinja cikin rana.