Ranar da Matar Sarki Ta Zo Neman Wadda Ta Shayar da Ita

Ko tsufa zai kwashe mini komai daga ka, ba na jin zai iya ɗauke yammacin da tsohuwar matar wani sarkin Larabawa ta zauna a kan shimfiɗar gidanmu a unguwar Hindawiyya da ke Makka, tana jiran abin da zai fito daga bakin mahaifiyata. Shekaru sun ja, amma har yau in na tuna sai dariya ta kama ni, sannan kunya ta biyo baya.

Lokacin na kusa shekara hamsin, ina tuƙa tasi, kullum ina jigilar masu Umara daga tashar Kudai. Sai aka yi kwana biyu ana maganar wata baƙar mota da ke yawo a unguwa, mai ita tana cigiyar wata Bahaushiya da ta taɓa shayar da jaririyar Larabawa. Direbanta ya tsegunta wa mai shagon bakin layinmu cewa matar sarkin wata ƙasa ce a da, amma sun rabu. Kafin a yi la'asar, kusan kowace tsohuwa a Hindawiyya ta tuna cewa ta taɓa shayar da 'yar Larabawa.

A rana ta uku matata ta buga mini waya. "Ka bar komai ka taho, tana gidanmu." Na bar layina a tasha ga fasinja na jira, abin da ban taɓa yi ba tunda na fara aikin.

Na tarar da doguwar mata cikin baƙar abaya da niƙabi, idanunta kawai ake gani. Ko zobe babu a hannunta, abin da ya ɗan ba ni takaici, don na zaci zan ga zinare har gwiwar hannu. Inna na gefe ta miƙe ƙafa tana jan carbi, kamar maƙwabciya ce ta shigo aron tsintsiya.

Baƙuwar ta ba mu labarinta da Larabci a hankali. A unguwar nan aka haife ta, uwarta ta rasu tana da kwana tara. Tana shekara shida ubanta ya bi, sai wata gwaggonta ta tafi da ita ƙasar da take aure. Can ta yi karatu, ta zama malamar makaranta, can kuma sarki ya gan ta wata rana da ya kai ziyara. Ta yi shekara goma sha ɗaya a gidansa, Allah bai ba ta haihuwa ba, suka rabu lami lafiya. Yanzu gwaggon ma ta rasu, ba ta da wa, ba ta da ƙane, ba ta da kawu. Abin da gwaggon ta bar mata shi ne magana ɗaya: wata Bahaushiya a Hindawiyya ta shayar da ita tare da ɗanta.

"Ya hala," ta ce wa Inna, yadda Larabawa ke kiran babbar mace, "in shayarwar ta kai sau biyar, ke uwata ce, ɗanki kuma ɗan'uwana ne. Ni dangi nake nema."

Haka malaman nan suke ƙirgawa, sau biyar yaro ya sha ya ƙoshi. In ta cika, na zama muharraminta, za ta iya buɗe fuska a gabana, in raka ta tafiya, kamar ciki ɗaya muka fito. Ni kuwa, Allah ya yafe mini, ba wannan nake gani ba. Na riga na sayar da tasin a zuciyata, na sayi sabuwar mota, na tashi daga Hindawiyya. Na matsa kusa da Inna, na yi ƙasa da murya, na ce da Hausa, "Inna, ki ce eh mana, halas, a wuce wurin."

Ba ta yi ƙasa da tata ba. "Kai tafi can! Tasin taka ce da kowa zai buɗe ya shiga? Maganar halal da haram ce fa." Matata ta sunkuyar da kai tana danne dariya.

Inna ta juya ga baƙuwar da Larabcinta mai gauraye da Hausa. "Ya binti, 'yata, ba zan yi miki ƙarya ba. 'Yan mata biyu na Larabawa na shayar a goyon wannan. Ɗaya sau ɗaya tak, mai riƙonta ta tafi ɗawafi ta bar mini ita. Ɗayar ce ta daɗe. Ban san wacece ke a ciki ba, kuma sunayen sun gudu mini."

Matar ta ƙura wa ƙaramin kofin gahawa da ke hannunta ido. Sai a lokacin na gane cewa ba mu ne masu jiran arziki ba, ita ce. Tausayinta ya kama ni ƙwarai.

Inna ta rufe ido tana magana kamar da kanta take yi. "Ita wadda ta daɗe ɗin, ubanta mai gyaran risho ne. A kwandon dabino yake kawo ta da safe, don yana jin kunyar a ga namiji da jaririya a kafaɗa. Ya ƙwanƙwasa, ya juya wa ƙofa baya. Kullum tana warin kananzir, sai na yi mata wanka kafin in ba ta."

Matar ta ajiye kofin, ta fashe da kuka. Da ta samu numfashi ta ce wannan sana'ar ta ubanta ba ta taɓa gaya wa kowa ba. A fada ma 'yar wani attajirin Makka ake ce mata, ita kuma ta yi shiru har ta saba. Ta ce gida huɗu ta shiga kafin namu, ko'ina tun ba ta rufe baki ba ake ce mata eh, ita ce. Shi ya sa take gode musu ta tashi. Jin haka gumi ya karyo mini, don da Inna ta bi tawa, da mu ne gida na biyar.

"To sau nawa, ya hala?" ta tambaya.

Inna ta yi dariya har carbin ya faɗi. "Wane irin sau nawa? Wata bakwai kika yi kina shanye wa yaron nan rabonsa! Ki tashi tsaye, shi ma ya tashi, ki ga inda nonon ya tafi."

Muka tashi. Kaina bai wuce kafaɗarta ba. Matata ta kasa riƙe dariyar, Inna na tafa hannu, baƙuwar na kuka tana dariya a haɗe. Sai ta sa hannu ta ɗage niƙabin. Fuskar mace ce mai shekaruna, da ɗan furfura a goshi, hawaye sun ɓata mata kwalli. Ta dube ni ta ce, "Assalamu alaika, ya ahuya." Wato ɗan'uwana.

Ban sayar da tasin ba. A cikinta ma nake ɗauko ta ranar Juma'a ta zo ta ci tuwon Inna a ƙasa, tana zaune a gaba tana yi mini faɗa a kan gudu. Da Inna ta kwanta ciwon ajali, ita ce ta zauna a kanta, ita ce kuma cikin waɗanda suka yi mata wanka.

Abin da ranar ta koya mini shi ne, in mutum ya zo maka da tambayar da rayuwarsa ta rataya a kai, kada ka ba shi amsar da za ta amfane ka. Ka faɗi iya abin da ka sani, ko da "ban sani ba" ne. Na so in yi ƙarya in samu matar sarki, Inna ta faɗi gaskiya ta samo mini 'yar'uwa.