Takalman Umma

Babanmu ya tsufa a gidan rediyo, amma ba wanda ya taɓa jin muryarsa. Aikinsa yin ƙara a wasan kwaikwayo. In an ce ƙofa, ya ja tsohon ƙyaure. In an ce ruwan sama, ya zuba tsakuwa a kwano. Ƙwas-ƙwas abokan aiki suke ce masa. A can ya haɗu da Ummanmu, mai fitowa a malamar asibiti. Tana magana a gaban makirufo, shi yana durƙushe gefenta, hannuwansa cikin takalmanta, yana taka mata katako. Yakan tsokane ta wai ya fi ta iya tafiyarta.

Umma ta rasu, aka daina wasan, kowa ya koma kallon waya. Baba ya je neman tsofaffin kaset, aka ce an daɗe da goge su. Muryarta kawai yake so ya sake ji.

Ni na sa cigiya a zauren masoya wasan a intanet. Yawancinsu ba a haife su ba lokacin, amma har faɗa suke a kan wanda ya dace malamar ta aura. Wata ta tono kaset a akwatin kakarta, wani yaro gwani ya gyara ya turo, yana cika baki: "Na share duk hayaniyar, murya ce zalla!"

Na kunna wa Baba. Muryar Umma ta cika ɗakin tangaran. Baba ya karkata kai.

"Ina takun?"

"Baba, wai hayaniya ce."

"Sun bar ta ita kaɗai," ya ce. "To da me za ta shigo?"

Raina ya ɓaci, na ɗauki waya zan wanke yaron tas. Baba ya ce in ƙyale shi, alheri ya nufa. Ya shiga ɗaki ya fito da takalman Umma, ya durƙusa da ƙyar, ya zura hannuwansa.

"Maido shi farko, 'yata."

Umma ta ce, "Ga ni nan zuwa." Ƙwas, ƙwas, ƙwas, Baba ya shigo da ita. Ya kai ta bakin gadon mara lafiya, ya kai ta taga. Can ta ce, "To, ni zan tafi."

Na jira takun fita. Hannuwansa suka tsaya cak a cikin takalman.